Maganar da Auta ta ajiye wa ɗiyarta

Mu biyu ne mata a ɗakinmu, ni babba, sai ƙanwata da kowa ke kira Auta don daga ita mahaifiyarmu ba ta sake haihuwa ba. Shekara goma sha ɗaya ne tsakaninmu. Ina aji huɗu na firamare aka haife ta, mahaifiyarmu kuma ta kwanta ciwo bayan haihuwar, sai aka ce in ɗan zauna gida in riƙa goyo har ta samu sauƙi. Zaman da ban sake komawa makaranta ba ke nan. Ban taɓa riƙe Auta da wannan a raina ba. Da ta isa shiga, ni ke yi mata wanka in raka ta har bakin hanya, in tsaya ina kallonta tana tafiya da jakar leda.

Ita ta yi karatun har ta zama malamar makaranta. Aure ya kai ta Argungu, gidan wani manomin shinkafa mai sanyin hali, ni kuma ina Gwadangaji a Birnin Kebbi da keken ɗinkina. Aji ɗaya take koyarwa, kuma ta ƙi yarda a ɗaga ta zuwa manyan azuzuwa, duk da an sha yi mata tayi. In ta zo hutu sai ta cika mini ɗaki da labarin sabbin shiga: wanda ya yi fitsari a wando, wadda ta ciji hedimasta a hannu, wanda ya ɓalle da gudu sai a bakin gulbi aka kamo shi. Tana ba da labarin tana dariya har da hawaye. Sau da yawa ta ce in zo in ga ranar farko da idona, ni kuma kullum akwai ɗinkin da ya riƙe ni. Ban taɓa ganinta tsaye a gaban aji ba.

Ta daɗe ba ta samu haihuwa ba. Sai a shekara ta shida da aure Allah ya ba ta ɗiya mace, ita kaɗai kuma ta samu. Yarinya ce marar hayaniya, mai yawan kallon mutum kafin ta yi magana. Inna take ce mini.

Shekarar da yarinyar za ta shiga makaranta, ƙafafun Auta suka fara kumbura. Aka yi ta maganin gida, aka je asibiti a Argungu, daga baya aka ce ƙoda ce, sai an riƙa kawo ta Birnin Kebbi ana yi mata wankin ƙoda. Zirga-zirgar ta yi mata yawa, sai mijinta ya kawo ta gidana ita da ɗiyar, shi yana zuwa yana komawa saboda gona. Damina ce, ruwa ba ya ɗaukewa. Ranar da ba ta da asibiti, nakan shimfiɗa mata tabarma a baranda kusa da kekena, ta kishingiɗa tana kallon ina aiki.

Auta ce ta aika aka sayo wa yarinyar yadin makarantarsu, shuɗi da fari. Ina auna yarinyar tana ba ni umarni daga kwance.

"Yaya, ki ƙara mata tsawo. Ɗiyan aji ɗaya kafin ki juya sun girme riga. Ki sa mata aljihu mai zurfi, in ba haka ba kullum sai ta yar da fensir. Hijabin kuma kada ya matse mata wuya, za ta cire shi ta aje a ƙasa."

Na ce, "To, malama. Ni da nike ɗinki tun ba ki iya share hanci ba."

Ta yi dariya har tari ya kama ta.

Da na gama, yarinyar ta sa kayan ta tsaya a gabanmu tana jujjuyawa. Auta ta yunƙura ta zauna, ta jawo ta, ta gyara mata bakin hijabi. Ta daɗe tana kallonta. Sai ta ce, "Ranar da za ki fara, ni zan kai ki da kaina. Akwai maganar da na aje miki tun kina ciki. Kowace shekara ina hwaɗa wa ɗiyan mutane tasu, amma taki daban ce."

Yarinyar ta ce, "Mama, hwaɗa mini yanzu."

"A'a. Sai mun isa bakin ƙofar makaranta."

Ta saki hijabin ta koma ta kishingiɗa. Likita ya riga ya kira ni gefe a makon da ya wuce, ya yi mini maganar da ban gaya wa kowa ba sai mijinta. Da yarinyar ta fita wasa, sai na ɗauko wayata na ce, "Auta, mi zai hana ki yi maganar a nan, in ɗauki muryarki? Ko da ranar ta zo kina asibiti, sai in kunna mata."

Fuskarta ta canza. Ta ce, "Yaya, kin cire rai da ni ke nan?"

Na ce subhanallahi, ni ba haka nike nufi ba. Ta juya mini baya ta fuskanci bango. Har aka yi la'asar ba ta yi mini magana ba. Ni kuma daga ranar ban sake tayar da zancen ba. Na yi ta cewa a raina sai ta ɗan samu ƙarfi, sai ranar da ta tashi da fara'a, sai in lallaɓa ta. Kwana ya yi ta wucewa ina jiran ranar.

Ta rasu ranar wata Alhamis bayan azahar, a asibiti, kanta a kan cinyata. Kwana biyu kafin nan harshenta ya riga ya yi nauyi, ba ta iya cewa komai sai kallo. Muka ɗauke ta zuwa Argungu. Ina bayan mota kusa da ita, ina kallon fadama ta cika maƙil hagu da dama, shinkafa ta nutse sai kawunanta ake gani. Kafin magariba an kai ta makwancinta. Saura kwana goma sha ɗaya a koma makaranta.

Kakar yarinyar, uwar mijin Auta, ita ta zaunar da ita ta gaya mata. Ba ta yi kukan da muka yi zato ba. Ta dai riƙa bina duk inda na sa ƙafa, har banɗaki sai ta tsaya a ƙofa. Bayan addu'ar bakwai na ce wa ubanta ya ba ni ita in riƙe a Gwadangaji. Ya sunkuyar da kai, ya ce, "Yaya, ki yi haƙuri. In kika tahi da ita, gidan ga ya mutu gaba ɗaya. Ga tsohuwa nan za ta kula da ita. Kuma uwarta ta riga ta rubuta sunanta a makarantarsu da hannunta." Sannan ya ce, "Abu ɗaya nike roƙo. Ki tsaya ki kai ta ranar farko. Ni ba ni iya shiga makarantar ga."

Na tsaya.

Ranar Litinin na yi mata wanka da ruwan ɗumi, na shafa mata mai, na sa mata kayan. Rigar ta sauko mata har ƙasan gwiwa kamar yadda uwarta ta so. Kakarta ta dama kunu aka sayo ƙosai, ta ci guda ɗaya ta ture kwanon. Ubanta ya dafa kanta ya yi mata addu'a, ya ɗauki fartanya ya fita ba tare da ya waiwayo ba.

Muka kama hanya, muna tsallake kwatamin ruwan da aka yi da asuba. Unguwa ta cika da yara masu shuɗi da fari, manya na jan ƙanana. Matan da suka gane mu suna tsayawa su yi mini gaisuwa, su dubi yarinyar su kawar da kai. Ita kuwa ta riƙe ɗan yatsana da ƙarfi har muka hango katangar makarantar da bishiyoyin dogonyaro.

A bakin ƙofa ta ja ta tsaya. Na ɗan ja hannunta, ta ƙi motsi. Na zaci tsoro ne, na fara cewa kada ta ji komai, ai duk malaman sun san ta. Sai ta ɗago kai ta dube ni.

"Inna, mun iso bakin ƙofa."

Na ce, "Awo, mun iso."

"To mi Mama tac ce? Ta ba ki saƙon, ko?"

Ban san ta riƙe maganar ba. Ko sau ɗaya ba ta ambace ta ba tun ranar da aka gwada rigar. Ashe duk kwanakin nan da take bina, abin da take jira ke nan. Yara na wucewa ta gefenmu, wani na ihu ana jansa, mai gadi na cewa a shiga a shiga. Ina da lokacin da zan ce mata uwarta ba ta ba ni komai ba. Na duba idonta, na ji ba zan iya ba.

Na durƙusa a ƙasa mai laima, na kama kafaɗunta. Na ce, "Ta ba ni. Ki saurara da kyau."

Ban san daga inda maganar ta fito ba. Na ce, "Ta ce ki shiga da bismillah, da ƙafar dama. Ta ce duk yaran da za ki gani a ajinku, su ma yau suka fara, ba wanda ya fi ki sanin komai. In malama ta tambaye ki abin da ba ki sani ba, ki ce ba ki sani ba, kada ki ji kunya, don shi aka kawo ki. In kin ga wata tana kuka, ki matsa mata ta zauna kusa da ke." Sai na ji bakina ya ƙara da cewa, "Kuma ta ce kada ki yarda kowa ya fitar da ke daga makaranta, ko mi ya faru a gida, har sai kin gama."

Tana kallon bakina, leɓunanta na motsi tana maimaitawa. Ta ce, "Shi ke nan?"

Na ce, "Ta ce Allah ya yi miki albarka."

Ta ce amin. Ta saki yatsana, ta dubi ƙafafunta ta tabbatar wace ce dama, ta taka ta shiga.

Na kasa tafiya. Na bi ta baya na tsaya a gefen tagar aji ɗaya, inda ba za ta gan ni ba. Wata malama ce aka ɗauko daga aji uku ta riƙe ajin, dattijuwa, ƙawar Auta, na gan ta a wurin zaman makoki. Yara sun fi ƙarfin bencin, wasu a kan tabarma, rabinsu na kuka. Ɗiyar Auta na zaune a layi na biyu, ta riga ta matsa wa wata 'yar ƙarama mai majina, ta riƙe mata hannu.

Malamar ta tafa hannu sau uku. Ta ce, "Yara, ku dube ni. Yau ba karatu, kuma yau ba a dukan kowa. Ga randar ruwa can, duk mai jin ƙishirwa ya tashi ya sha, ba sai ya tambaya ba. Mai jin fitsari ya ɗaga hannu, ni da kaina zan raka shi, ba wanda zai yi masa dariya. Mai son kuka ya yi kukansa, ga bakin mayafina, na share hawayen waɗanda suka fi ku girma. Ba a kawo ku nan don an gaji da ku a gida ba. In kun ji an kaɗa ƙararrawa ta biyu, kowa zai koma gida ya tarar da uwarsa tana jiransa da abinci."

Ta kai ƙarshen maganar kafin idonta ya sauka a layi na biyu. Na ga bakinta ya tsaya a buɗe. Yarinyar ta ɗaga hannu kamar yadda aka ce mai fitsari ya yi. Ta ce, "Malama, ni Mamata ta rasu. Innata ce za ta jira ni."

Ta faɗe shi ne kamar mai gyara wa malama kuskure, ta sauke hannunta. Malamar ta ce, "Haka ne, ɗiyata." Ta ce su tafa wa kansu, ta fito da sauri ta zagayo bayan aji, ta ci karo da ni. Ba mu gaisa ba. Muka jingina da bango muka yi ta kuka, kowacce ta toshe bakinta da mayafi kada yara su ji.

Da muka natsu ta ce mini maganar ba tata ba ce, ta Auta ce. Shekara da shekaru tana jin ta ta cikin bango duk ranar farko, har ta haddace, shi ya sa ta fito mata a jere ba ta yi tunani ba. Na tambaye ta ko Auta ta taɓa gaya mata abin da ta ajiye wa ɗiyarta. Ta ce ta sha jin tana cewa akwai, amma ko da wasa ba ta taɓa faɗa ba.

Na zauna a gindin dogonyaro har aka tashi. Yarinyar ta fito da fensirinta a aljihu, ta ce mini an koya musu shiga layi. Washegari na koma Birnin Kebbi.

Duk Juma'a ubanta kan kira ni ya ba ta wayar. In mun gama gaisuwa, ta ba ni labarin aji, sai ta ce, "Inna, sake hwaɗa mini." Karo na biyu na yi tuntuɓe, na sa maganar mai kuka kafin ta tambayar malama. Ta ce, "Ba haka ba ne, Inna. Kin manta?" Ta jera mini su daidai, kalma bayan kalma. Daga ranar na riƙa maimaita su ina taka keke, har suka zauna mini kamar karatun salla. Na gaya wa mijina abin da na yi, ya ce in yi istigfari in bar shi a haka, yarinya ce za ta manta. Ba ta manta ba. Wani lokaci ni kaina, in ina faɗa, sai in ji kamar da muryar Auta na taɓa jinsu.

Haka muka yi shekara uku. Ubanta ya sake aure, matar kirki ya samu, ba ni da abin cewa a kanta. Yarinyar na zuwa mini duk dogon hutu.

Hutun da ta gama aji uku, wata ranar da hantsi ina ɗinki tana zaune tana cire mini ragowar zare daga wata riga. Ba ta dube ni ba ta ce, "Inna, na buɗe akwatin Mama. Na karanta littattafanta duka, har na shirin darasi. Ban ga maganar ba."

Na ce ai ba lallai ta rubuta ba.

"Mama tana rubuta komai. Har ranar da na fara tahiya ta rubuta." Ta ja zare ta aje. "Kuma kakata ta ce da za ta rasu ba ta iya magana. To yaushe ta hwaɗa miki?"

Na ɗauke ƙafata daga keken. Zan iya cewa tun kafin nan ne, a baranda, ranar da ta fita wasa, kuma da ta yarda. Amma shekararta tara, ta zauna ta bi shafi bayan shafi tana neman uwarta, ni kuma ina da amsar ina ɓoyewa.

Na ce, "Ba ta hwaɗa mini ba, ɗiyata. Na roƙe ta sau ɗaya, ta ƙi, don tana sa ran ita za ta kai ki. Ban sake roƙonta ba, laifina ne. Abin da na gaya miki a bakin ƙofa, ni na haɗa shi."

Ta ninke rigar da ke cinyarta da kyau, ta ɗora a kan tebur, ta tashi ta shiga ɗaki. Ina jin kukanta daga inda nike, irin kukan da ba ta yi ba ranar da aka gaya mata rasuwar. Na je bakin ƙofa, ta ce in bar ta. Kwana biyun da suka rage mata a gidana, gaisuwa kawai ke haɗa mu. Tana cin abinci, tana yin duk abin da na sa ta, amma ba ta kallon fuskata.

Ranar komawa na raka ta tasha, na sa ta a motar Argungu kusa da wata mata da na sani. Na tsaya a gefen taga ana jiran mota ta cika. Direba ya tayar da inji. Sai ta leƙo.

"Inna, to mi kike zaton za ta ce mini?"

Na ce, "Wallahi ban sani ba. Na yi ta tunani, ban sani ba."

Ta gyaɗa kai. Motar ta fita daga tasha, na tsaya har ta sha kwana.

Juma'ar da ta biyo baya wayata ba ta yi ƙara ba, haka ta gaba. A ta uku ubanta ya kira, ya ce ga ta. Ta gaishe ni, ta ce an kai su aji huɗu, an ba su sabon malamin lissafi mai saurin magana, takalminta kuma ya matse ta. Na ce zan aiko da wani ranar kasuwa. Ina jin numfashinta a kan layi da kukan awakin gidansu. Sannan ta ce, "Sai an jima, Inna," ta miƙa wa ubanta wayar.